Sikkim a Bakin Marubutanta: Ƙwace Aka Yi ko Haɗewa?

A ranar 16 ga Mayu, 1975 ne masarautar Sikkim ta daina zama masarauta, ta koma jiha ta 22 a tarayyar Indiya. Ƙaramar ƙasa ce da ke maƙale a tsaunukan Himalaya, Nepal ta yamma, Tibet ta arewa, Bhutan ta gabas, jihar Bengal ta Yamma kuma ta kudu. Faɗinta murabba'in kilomita 7,096 ne, wato kamar kashi ɗaya cikin uku na jihar Kano, kuma a ƙidayar 2011 mutanenta dubu 610 ne da 'yan kai. A kan iyakarta da Nepal tsaunin Kangchenjunga yake, na uku a tsawo a duniya. Masu kallon finafinan Indiya a wajenmu sun daɗe da sanin fuskar ɗan Sikkim ko da ba su san ƙasar ba: Danny Denzongpa, wanda ya sha fitowa a bos, ɗan can ne, an kuma haife shi tun sarki na kan gado.

Duk da ƙanƙantarta, an yi rubutu a kanta mai ɗimbin yawa, kuma littattafan ba su jitu da juna ba. Wannan ya ce Indiya ƙwace ta yi da ƙarfin soja, wancan ya ce talakawa ne suka tumɓuke sarki suka zaɓi haɗewa. Abin da na fahimta shi ne kusan kowane littafi a kan Sikkim, har da waɗanda ke maganar furanni da bukukuwa, yana amsa tambaya guda ne a fakaice: ƙasar nan ta wa ce? Wanda ya taɓa zama a shari'ar gona ya san yadda kowane mai ba da shaida ke nuna iyaka daga inda tasa gonar take. Ba lallai ƙarya yake yi ba, amma sai alƙali ya san inda mutum ke tsaye kafin ya auna maganarsa. Da wannan idon ya kamata a karanta su.

Shaida ta farko daga fada take. A 1908 Sarki Thutob Namgyal da matarsa Yeshe Dolma suka tsara tarihin gidan sarautarsu da harshen Tibet, daga baya Kazi Dawa Samdup ya mayar da shi Turanci. Labarin da ke ciki shi ne wanda har gobe ake ba baƙi masu yawon buɗe ido. Wani babban malamin addinin Buddha ya yi bushara tun da daɗewa cewa akwai ɓoyayyar ƙasa mai albarka a kudancin Tibet. Kakan sarakuna, Khye Bumsa, ya sauko daga arewa ya ƙulla amanar jini da shugaban 'yan ƙasa, wato ƙabilar Lepcha, mai suna Thekong Tek, a wani wuri da ake kira Kabi. Sannan a 1642 malamai uku suka haɗu a Yuksom suka naɗa Phuntsog Namgyal a matsayin Chogyal, sarki mai riƙe da addini. Daga shi aka jero sarakuna 12 cikin shekara 333.

Labari ne mai daɗi, babu jini sai na amana. Sai dai a duba lokacin da aka rubuta shi. Thutob Namgyal sarki ne da Turawan Ingila suka wulaƙanta: sun karɓe ikonsa, ya yi yunƙurin gudu zuwa Tibet aka tare shi, aka tsare shi a wajen ƙasarsa a shekarun 1890. Mutumin da ya fito daga wannan hali, in ya zauna rubuta tarihin gidansu, abin da yake son duniya ta ji shi ne sarautarsa daɗaɗɗiya ce, daga sama aka ba da ita, 'yan ƙasa kuma da son ransu suka karɓe ta. Bature mai bincike Saul Mullard ya bi tsoffin takardun fada na ƙarni na 17, ya fitar da Opening the Hidden Land a 2011, inda ya nuna cewa babban malamin da ake cewa shi ya jagoranci naɗin bai iso Sikkim ba sai wajen 1646, kuma kafuwar masarautar ba ta rasa yaƙi da murƙushe masu turjiya ba. Akwai wata yarjejeniya ta 1663 tsakanin ƙabilun Bhutia (ta gidan sarauta, mai asali daga Tibet) da Lepcha da Limbu da ake yawan kafa hujja da ita a kan 'yan'uwantaka. Mullard ya karanta ta a matsayin sulhun da aka yi bayan rikici. Wannan bai rage darajar littafin fada ba. Ya dai mayar da shi gurbinsa: hujja ce mai ƙarfi a kan yadda gidan sarauta ke ganin kansa a 1908, ba a kan abin da ya faru a ƙarni na 17 ba.

Turawa kuwa da alƙalami da awon ƙasa suka shigo. A 1835 suka karɓi tudun Darjeeling daga hannun sarki don su riƙa shan iska lokacin zafi, daga baya suka yanka masa 'yan kuɗi duk shekara. Masanin tsirrai Joseph Hooker ya zaga ƙasar yana tattara furanni, a 1849 mutanen sarki suka tsare shi tare da Archibald Campbell, jami'in Darjeeling. Hukuncin da ya biyo baya shi ne Ingila ta yanke filayen kudancin Sikkim ta haɗa da nata, ta kuma dakatar da kuɗin. Littafin tafiyar Hooker na 1854 yana da kyau wajen siffanta daji da dutse, amma mai karatu ya tuna cewa wannan yawon neman furanni ya ci wa masarautar ƙasarta mafi albarkar noma. A 1889 aka kawo John Claude White, injiniyan ma'aikatar ayyuka, a matsayin jami'in siyasa, wato kwatankwacin Razdan da kakanninmu suka sani. Ya yi kusan shekara ashirin yana juya ƙasar, ya kuma rubuta nasa littafin a 1909, inda yake ba da labarin yadda ya tarar da ƙasa babu baitulmali babu hanya, ya gyara.

Littafin da ya fi tona asirin manufar Turawa shi ne kundin bayanan Sikkim na 1894, wanda H. H. Risley ya rubuta wa gabatarwa. Bai ɓoye komai ba. Ya ce shigowar manoma masu jin harshen Nepal, waɗanda akasarinsu mabiya Hindu ne, ita ce babbar garkuwa daga tasirin Tibet, domin sannu a hankali Hindu zai ture Buddha, ƙasa kuma ta bi addini. Ƙidayar 1891 ta samu mutum 30,458 a ƙasar. Lepcha 5,762, Bhutia 4,894. Wato tun a lokacin, ƙabilu biyun da sarauta ke tsaye a kansu sun riga sun zama tsiraru. White yana son masu biyan haraji, manyan masu ƙasa da ake kira Kazi da 'yan kwangilar filaye suna son masu noma musu, sai aka buɗe ƙofa. Duk rikicin da ya ci masarautar bayan shekara tamanin, a nan aka shuka shi, kuma a rubuce yake.

Daga nan wata al'ada ta shiga rubutu a kan Sikkim, ta kallon Lepcha a matsayin mutane masu sanyin hali da ke gab da ƙarewa. Geoffrey Gorer ya zauna 'yan watanni a ƙauyen Lingthem a yankin Dzongu a 1937, ya fitar da Himalayan Village a shekara ta gaba. Ya tara bayanai masu amfani a kan noma da aure da bori irin nasu, sai dai ya cika zurfafawa a harkar kwanciyarsu, har ka ji kamar tambayoyin Turai yake nema wa amsa a bakin mutanen dutse. Bayan shekara kusan hamsin, a 1987, wani ɗan ƙabilar, A. R. Foning, ya rubuta nasa daga ciki, amma ko shi a sunan littafin ya kira mutanensa ƙabila mai ɓacewa. Hoton da baƙo ya zana ya zama madubin mai gida. Ga shi kuwa Lepcha ba su ɓace ba: su ne a 2007 matasansu suka shiga yajin cin abinci mai tsawo a Gangtok, babban birnin Sikkim, don hana gina madatsun ruwa a Dzongu, har gwamnati ta soke wasu daga ciki.

A wannan fannin na al'adu, aikin da na fi ganin girmansa shi ne na Anna Balikci, wadda ta zauna a ƙauyen Tingchim ta fitar da Lamas, Shamans and Ancestors a 2008. Ta nuna cewa a ƙauyen Bhutia malamin Buddha da mai hawan iska na gargajiya ba abokan gaba ba ne, aiki suke rabawa, wannan na littafi da jana'iza, wancan na kakanni da iskokin ƙasa. Wanda ya karanta ta zai gane dalilin da ya sa dutse da tafki ba kayan kallo ba ne kawai a wajen mutanen nan. Kangchenjunga majiɓincin ƙasa ne a imaninsu, ana yi masa bikin Pang Lhabsol duk shekara, kuma Turawan da suka fara hawansa a 1955 sun tsaya 'yan taku kafin ƙololuwa saboda alƙawarin da aka yi wa sarki. Irin wannan imanin ne ya tsayar da aikin madatsar Rathong Chu a 1997.

To ina masu rinjaye? A nan giɓin yake, kuma shi ya fi damuna. Manomin da kakansa ya hauro daga Nepal, a littafin fada baƙo ne, a littafin Risley makami ne, a littafin masu binciken al'adu kuma barazana ce ga Lepcha. Alhali shi ne ya sassaƙa gefen duwatsu ya mayar da su gonakin shinkafa hawa-hawa. Shi ne kuma, tare da talakan Lepcha da na Bhutia, ya sha aikin tilas. Akwai wanda suke kira kalo bhari, wato baƙin kaya: a ƙunshe kaya cikin baƙin tamfol, a ɗora wa mutum a baya da igiya a goshi, ya hau da shi mashigin ƙanƙara zuwa Tibet, ladan kuma sau da yawa ya maƙale a hannun mai ƙasa. Akwai jharlangi, inda za a ɗauke magidanci daga gonarsa a tsakiyar aiki ya je gyaran hanya ko ɗaukar kayan jami'i. Akwai kuma kuruwa, zaman jiran kaya a bakin hanya kwana da kwanaki da guzurin kansa. Da aka kafa jam'iyyar Sikkim State Congress a Disamban 1947, buƙatunta uku ne: a soke mulkin masu ƙasa, a kafa gwamnatin jama'a, a shiga Indiya. A lura, shekara 28 ke nan kafin 1975. Wanda ya ce Delhi ce ta ƙirƙiri ƙorafin daga babu, bai yi wa waɗannan mutanen adalci ba.

Firaministan Indiya Nehru bai haɗiye Sikkim a lokacin ba. Yarjejeniyar 1950 ta bar sarki da harkokin cikin gida, Indiya ta riƙe tsaro da hulɗar waje da sadarwa. A majalisar da aka kafa a 1953 aka yi rabon daidai, kujera shida ga Bhutia da Lepcha, shida ga masu jin Nepal, alhali na biyun sun kai kusan kashi uku cikin huɗu na jama'a. Fada na ganin in ba haka ba za a shafe 'yan asali. Masu rinjaye na ganin an mayar da ƙuri'arsu rabin ƙuri'a. Kowa da gaskiyarsa, kuma babu wanda ya samo mafita kafin lokaci ya ƙure.

Lokaci ya ƙure ne saboda abin da ke faruwa a waje. Sin ta mamaye Tibet, ta gwabza da Indiya a 1962, aka sake zubar da jini a mashigin Nathu La na Sikkim a 1967. Kudu da Sikkim kaɗan kuma akwai siririyar hanyar Siliguri, wadda ita kaɗai ta haɗa Indiya da jihohinta na arewa maso gabas. A wannan yanayin ne sarki na ƙarshe, Palden Thondup Namgyal, wanda ya auri Ba'amurkiya Hope Cooke a 1963, yake neman a sake duba yarjejeniyar 1950 don ƙasarsa ta samu matsayi irin na Bhutan, wadda ta shiga Majalisar Ɗinkin Duniya a 1971. Matar tasa ma ta rubuta wata maƙala a 1966 tana tayar da batun Darjeeling, abin da ya ɓata wa Delhi rai ƙwarai.

Abin da ya biyo baya kowa ya yarda da jerinsa. Zaɓen farkon 1973 ya zo da zargin maguɗi, a watan Afrilu jama'a suka cika titunan Gangtok, sarki ya nemi Indiya ta kawo ɗauki, ta kawo, ta kuma riƙe mulki. A ranar 8 ga Mayu aka sa hannu kan yarjejeniya tsakanin sarki da jam'iyyu da Indiya. A zaɓen 1974 jam'iyyar Kazi Lhendup Dorji, jagoran masu adawa da sarki, ta ci kujera 31 cikin 32. Ranar 9 ga Afrilu, 1975 sojojin Indiya suka kewaye fada suka ƙwace makaman dogarai, aka kashe wani matashin dogari a bakin ƙofa. Washegari majalisa ta soke sarauta. Ranar 14 ga wata aka yi zaɓen raba gardama: 59,637 suka amince, 1,496 suka ƙi.

A fassarar jerin ne shaidu suka rabu, kuma kusan dukkansu da hannunsu a ciki. B. S. Das, wanda Delhi ta tura ya riƙe mulki a 1973, ya rubuta The Sikkim Saga a 1983, yana kallon sarki a matsayin mutumin da ya kasa karanta zamani. Sunanda Datta-Ray, ɗan jarida kuma aminin sarki, ya mayar da martani a 1984 da Smash and Grab, inda ya bi matakan ɗaya bayan ɗaya yana nuna inda aka taka doka. Ƙarar ɓata suna ta sa littafin ya yi wuyar samu shekara da shekaru, sai a 2013 aka sake buga shi. Nari Rustomji, wanda ya yi wa fada waziri a shekarun 1950, ya rubuta nasa a 1987 da zuciya biyu, ta ma'aikacin Indiya da ta aboki. Hope Cooke, wadda ta bar ƙasar a 1973, ta ba da labarin fada daga ɗaki. Andrew Duff a 2015 ya ƙara da wasiƙun wasu malaman makarantar mata 'yan Scotland da saƙonnin ofisoshin jakadancin Amurka da aka buɗe.

Abin mamaki, wanda ya fi ƙarfafa hujjar Datta-Ray mutumin ɗaya ɓangaren ne. G. B. S. Sidhu ya shugabanci ofishin hukumar leƙen asirin Indiya ta R&AW a Gangtok a daidai lokacin haɗewar. A littafinsa na 2018 ya faɗa da bakinsa, yana kuma alfahari da shi, cewa tun kafin zanga-zangar 1973 Firaminista Indira Gandhi ta ba shugaban hukumar, R. N. Kao, aikin Sikkim, kuma hukumar ta yi ta dafa wa jam'iyyun adawa a ɓoye har aka kai ga haɗewa. Shi yana ganin taimakon dimokuraɗiyya suka yi. Amma bayan wannan ikirarin, babu sauran mai cewa Delhi 'yar kallo ce da jama'a suka gayyata.

Ra'ayina a nan ba na tsaka-tsaki ba ne. Ƙorafin talakawa gaskiya ne, kuma sarautar da ta ƙi ba masu rinjaye cikakkiyar ƙuri'a ita ta haƙa wa kanta rami. Amma zaɓen da aka shirya cikin kwana huɗu, a ƙasar da wasu ƙauyukanta sai an yi yini ana hawan dutse, sojoji na kan titi, sarki na tsare a fadarsa, ba zaɓe ne da za a kafa hujja da shi ba. Mafi muni, tambaya guda aka yi wa mutane a kan abu biyu: soke sarauta da shiga Indiya. Wanda ke son sarki ya sauka amma ƙasa ta zauna da sunanta ba shi da akwatin da zai jefa ƙuri'arsa. Kuma akwai alamar irin waɗannan mutanen ba kaɗan ba ne. A zaɓen 1979 Nar Bahadur Bhandari, mai jin Nepal ne shi ma, ya yi yaƙin neman zaɓe yana zargin 'yan majalisar baya da sayar da ƙasa, ya kuma ci. Jam'iyyar Kazi Lhendup Dorji ko kujera ɗaya ba ta samu ba. Shekara guda kafin nan, Firaministan Indiya Morarji Desai da kansa ya ce matakin haɗe Sikkim bai dace ba, sai dai bakin alƙalami ya bushe. Sarkin ya rasu a New York a 1982.

Ba na cewa Sikkim ta yi asara ta kowace fuska. Sashe na 371F na kundin tsarin mulkin Indiya ya kare tsoffin dokokinta, har da ta 1917 da ta hana sayar da filin Bhutia da Lepcha ga wani. A majalisa mai kujera 32, an keɓe musu 12, da ɗaya ta malaman addinin Buddha. Mutanen da aka haifa bayan 1975, waɗanda su ne mafi yawa yanzu, ba sa kwana da tunanin dawo da sarki. Amma tsohuwar tambayar ba ta mutu ba. A Janairun 2023 Kotun Ƙolin Indiya, a wata shari'ar haraji, ta siffanta masu jin Nepal na Sikkim da cewa asalinsu baƙi ne. Jihar ta ɗauki zafi, aka rufe kasuwanni, har kotun ta goge maganar a watan Fabrairu. Kallon da Risley ya yi musu a 1894 ne ya sake ɓullowa a takardar alƙalai bayan shekara kusan 130.

Shi ya sa nake ganin wanda ya karanta Datta-Ray shi kaɗai zai fito yana kukan sarki, wanda ya karanta Sidhu shi kaɗai zai fito yana tafa wa 'yan leƙen asiri, dukansu kuma ba su ji daga bakin mai gona ba. Akwai ɗan abin da ya rage giɓin, kamar taƙaitaccen tarihin siyasa da Lal Bahadur Basnet, ɗan siyasar ƙasar, ya buga a 1974, ana tsakiyar rikicin. Sai dai irinsa bai samu yaɗuwar littattafan da ke zagaye da fada da ofishin jami'in Indiya ba, kuma abin da aka rubuta da harshen Nepal ko Lepcha ko Limbu ba kasafai yake ƙetare iyakar jihar ba. Cibiyar Namgyal ta nazarin al'adun Tibet da ke Gangtok, wadda aka buɗe a 1958, ta yi ƙoƙari wajen adana takardun addini da tsoffin hotuna. Aikin da ya fi gaggawa yanzu shi ne na jami'o'in yankin: su fassara abin da ke akwai, su kuma naɗi muryar waɗanda suka yi dakon baƙin kaya suna samari a shekarun 1940. Duk wanda ya rage a cikinsu ya haura shekara casa'in.